Yaya mai zane zai zana kufan da bai taɓa kwana a cikinsa ba?

"Malam, Allah ya ƙara lafiya. Ina karatu a Halifax ta ƙasar Kanada, shekarata ta uku ke nan. Makon jiya na shiga wani ɗan baje kolin zane na wata mata da ta ce kakannin kakanninta daga Sikotland suka zo, wajen shekara 200 da suka wuce. Duk aikinta a kansu yake: katangun dutse da suka zube, tsohon akwatin katako, taswira, da fuskokin mutane da ta bari babu ido babu baki. Da na tambaye ta sai ta ce sau ɗaya ta taɓa zuwa ƙasar, mako biyu ta yi. Ni da na baro gida na san zafin kewa, amma ita me take kewa? Wannan tunawa ce ta gaske, ko ado ne kawai? Kuma in na sake shiga irin wannan wuri, me zan duba in gane aiki mai nauyi?"

Ƙanena, amin, Allah ya ba da sa'ar karatu. In na fahimce ka, abu biyu kake tambaya: ko mutum zai iya kewar wurin da bai taɓa zama ba har ya mai da kewar sana'arsa, sannan yadda mai kallo zai raba aikin da ya fito daga zuci da wanda aka yi don burgewa. Ban ga aikin matar nan ba, don haka ba zan yanke mata hukunci daga nesa ba. Abin da zan iya shi ne in ba ka ma'aunin da nake aiki da shi. Na daɗe ina koyar da zane da tarihinsa, wani ɓangare na karatuna a Sikotland na yi shi, kuma na taka wasu daga cikin ƙauyukan da suka zama kufai, waɗanda irin waɗannan masu zane ke yawan komawa gare su.

Matar ba ta tuna Sikotland, domin babu wata Sikotland a cikin kanta da za ta tuna. Abin da take ɗauke da shi kaya ne da aka miƙo mata hannu da hannu: labarin da kaka ta ji daga bakin tata kakar, akwati, sunan zuriya, kalma ɗaya ko biyu ta harshen da aka daina ji a gidan, da wuraren da labarin ya yanke babu mai iya ƙarasa shi. Wata malamar jami'ar Columbia, Marianne Hirsch, ta yi nazarin wannan hali a kan ƴaƴan Yahudawan da suka tsira daga kisan ƙare dangi na zamanin Hitler, ta nuna yadda yaro kan tashi da tabon raunin da ba a jikinsa aka yi ba. Ni nakan kira shi tunanin gado. Kewarka ta wanda ya san ƙamshin tsakar gidansu ce. Tata kuwa ta wadda aka bar wa mabuɗi ce bayan ƙofar ta daɗe da faɗuwa. Abu ne na gaske, kuma da shi ake yin aiki mai nauyi, da shi ake yin na banza.

Waɗanda suka tashi

Kafin ka auna zanen sai ka san tafiyar. Tsakanin 1825 da 1914 mutum kusan miliyan biyu suka bar Sikotland zuwa ƙetare, ƙasar da ko a yau jama'arta ba su kai miliyan shida ba. A Kanada kaɗai sama da mutum miliyan huɗu ke cewa suna da jinin can. Sunan lardin da kake zaune ma, Nova Scotia, da harshen Latin yake, ma'anarsa Sabuwar Sikotland, tun daga takardar mallaka da Sarki James ya ba William Alexander a 1621.

Labarin da ya fi shahara shi ne na mutanen tsaunukan arewa da tsibiran yamma, masu magana da harshen Gaelic. Bayan yaƙin Culloden na 1746 gwamnatin Birtaniya ta karya ikon shugabannin zuriya, su kuma sannu a hankali suka tashi daga iyayen dangi suka koma masu ƙasa da ke lissafin kuɗin haya. Lissafin ya nuna musu tunkiya ta fi talaka kawo riba. Sai aka shiga tashin ƙauyuka ɗungurungum, ana ba manyan makiyaya filayen, ana tura mutane bakin teku inda ƙasa ba ta ciyar da gida, ko kuma cikin jirgi. A Sutherland, kwarin Strathnaver ya ga wannan a 1814 da 1819. An cinna wa rufin gidaje wuta don kada masu su su dawo, a yankin da azarar rufi ta fi komai na gida daraja saboda ƙarancin bishiya. An gurfanar da wakilin masu ƙasar, Patrick Sellar, a kotun Inverness a 1816, aka wanke shi. Daga 1846 kuma cutar dankalin Turawa ta kawo yunwa, tashin ya ƙara ƙarfi.

Tun kafin abin ya kai haka wasu sun tafi da kansu saboda nauyin haya. Jirgin Hector ya tashi daga Loch Broom a 1773 da mutum 189, ya isa Pictou ranar 15 ga Satumba bayan agana da atini sun kashe 18, yawancinsu yara. Daga inda kake zuwa Pictou tafiyar kamar awa biyu ce a mota.

Akwai wuri ɗaya da ya sauya mini kallon wannan tarihi gaba ɗaya, wata ƴar coci ce a Croick, can ƙarshen wata siririyar hanya da mota ɗaya kawai ke iya bi. A watan Mayun 1845 aka tashi mutanen Glencalvie, gida 18, wajen mutum 90. Suka yi ƴan kwanaki a maƙabartar cocin ƙarƙashin tamfol da barguna, ba su shiga ciki ba don suna ganin rashin ladabi ne ga ɗakin ibada. A gilashin tagar gabas akwai rubutun da aka karce: sunaye, kwanan wata, maganar cewa mutanen Glencalvie sun zauna a nan ranar 24 ga Mayu 1845, da wata da ta kira su muguwar zuriya, kamar masu ganin zunubinsu ne ya jawo musu. Ranar da na je sai da na karkata kai, haske ya faɗo a kaikaice, kafin karcen ya fito. In ka miƙe tsaye sosai, sai ya ɓace, ka ga ciyawa da tudu kawai ta cikin gilashin. Rubutun da Turanci yake alhali mutanen Gaelic suke ji, har masana na muhawara kan ko duka hannunsu ne ko akwai na waɗanda suka zo daga baya. Na daɗe a tsaye a wurin. Duk abin da mai zanen tunanin gado ke fama da shi yana cikin tagar nan: shaida ce ƙarama, mai saurin ɓacewa, da harshen da ba na masu ciwon ba, kuma sai ka sami wurin tsayawa daidai kafin ka gan ta.

Sai dai ga abin da ake yawan mantawa. Mafi yawan waɗanda suka bar Sikotland ba daga tsaunuka suka fito ba, kuma ba a ƙona musu gida ba. Mutanen kudu ne da na birane: masaƙa, maƙera, injiniyoyi, masu haƙar kwal, ƴan aikin gona, akawu, likitoci, waɗanda suka tafi neman abin da ya fi. Amma da yake labarin kora ya fi taɓa zuciya, jikoki da yawa sun ɗauke shi sun yafa, ko da ba na gidansu ba ne.

Hoton da aka gada

Matsalar da ke gaban matar nan ita ce an riga ta zana wannan labari, kuma zanen farko ya zauna a idon kowa. A gidan tarihin Kelvingrove na Glasgow akwai zanen Thomas Faed na 1865, The Last of the Clan. Dattijo ne a kan ɗan doki a bakin tashar jirgi, kansa a sunkuye, mata da yara kewaye da shi, akwatuna da tukwane a ƙasa, wani yana kwance igiya. Jirgin ba ya cikin zanen, domin kai mai kallo a cikinsa kake, kana barinsu. Dabara ce mai kyau, ba na musu. Amma Faed mutumin kudu maso yamma ne da ke zaune a Landan yana sayar wa masu kuɗi, kuma babu wanda ya kori kowa a cikin zanensa. Baƙin ciki ne ya sauko kamar ruwan sama. Haka na John Watson Nicol na 1883, Lochaber No More: makiyayi tsaye a kan jirgi da sandarsa da karensa, matarsa ta kifa kai a kan kayansu. A wannan shekarar ce hukumar binciken gwamnati ta Napier ke zagaya ƙauyuka tana jin ƙorafin manoma da bakinsu, da sunayen waɗanda suka zalunce su, abin da ya haifar da dokar 1886 da ta ba su tabbacin zama a gonakinsu. Manoman na magana da kakkausar murya a gaban hukuma, zanen kuwa ya nuna su shiru. Ka haɗa da zanen namijin barewa da Edwin Landseer ya yi a 1851, a kan tsauni cikin hazo, wanda ya koya wa duniya cewa ƙasar fili ce mai kyau da babu kowa. Ba a banza ta zama babu kowa ba.

Sai tartan, yadin ulun nan mai layukan da suka gicciye juna kamar gidan dara. Tsohon yadi ne a tsaunuka, har dokar 1746 ta hana maza sa tufafin tsaunuka sai in soja ne, kafin a soke ta a 1782. Amma maganar cewa kowace zuriya na da nata zubin launi tun fil azal, wannan a ƙarni na 19 aka tsara ta, tsakanin masaƙar William Wilson da ke Bannockburn da bikin tarbar Sarki George na huɗu a Edinburgh a 1822. Na lardinku ma, mai shuɗi da kore da kake gani a kantunan tsaraba, Bessie Murray ce ta ƙirƙiro shi a 1953, a zamanin da gwamnatin Angus L. Macdonald ke tallata lardin da kamannin Sikotland don jawo baƙi. Ban ce tartan ƙarya ba ne. Abin da mutane suka yi aure da shi, suka binne iyayensu da shi shekara 200, ya zama nasu. Amma mai zanen da ya shimfiɗa shi a allo bai san wannan tarihi ba, tallar wani yake maimaitawa yana zaton muryar kakansa ce. Da ka ce matar ta kawo katanga da akwati da taswira, ba ka ambaci tartan da algaitarsu mai jaka ba, na ji daɗi.

Will Maclean da taru

Wanda nake fara nuna wa ɗalibaina a wannan fanni shi ne Will Maclean. An haife shi a Inverness a 1941, mahaifinsa shugaban tashar jiragen ruwan garin ne, danginsa na Coigach da tsibirin Skye. Ya fara da aikin jirgin ruwa, sannan ya yi karatun zane a makarantar Gray's ta Aberdeen, ya kuma yi su da hannunsa a cikin jiragen da ke kamun kifin herin da taru, inda jirgi biyu ke zagaye garken kifi su ja. Da ya ga sana'ar na mutuwa, sai ya ɗauki shekaru daga 1973 yana zana ta: jiragen, injin jan taru, ƙullin igiya, yadda ake ɗinke taru in ya yage, da awo da ma'auni kamar mai shirin ƙera su gobe. Zane ɗari uku da ɗoriya ya tara, aka baje su a Glasgow a 1978, yanzu suna cikin taskar zanen ƙasar a Edinburgh.

Ka lura da inda ya fara. Bai fara da hawaye ba, da ƙulli ya fara. Sai da ya san abin ciki da bai, sannan ya shiga aikin da aka fi saninsa da shi, wato ƙananan akwatuna masu fuskar gilashi da yake haɗawa da itacen da teku ta tofo, ƙashi, ƙugiya, ƙarfe mai tsatsa da sassaƙar hannunsa, ya shafe su da launin toka ko fari ko baƙi. In ka tsaya gaban ɗaya sai ka rasa ko kayan gidan tarihi kake kallo, ko akwatin matafiyi, ko wurin ajiye abin tunawa da mamaci. Yawancinsu na da alaƙa da wani wuri takamaimai, wani jirgi, wani mutum da teku ta ci.

Daga baya ya fita daga ɗakin baje koli. A tsibirin Lewis, a shekarun 1990, ya tsara gine-ginen dutse na tunawa da manoman da suka yi tawaye don neman ƙasa, mutanen wurin suka tara kuɗi, magini ɗan tsibirin ya ɗora duwatsun. Na Balallan na tunawa da waɗanda suka shiga gandun farautar Pairc a 1887 suka karkashe barewa don duniya ta san suna jin yunwa a gefen ƙasar da aka keɓe wa dabbobi. Na Aignish ginshiƙai biyu ne da ke fuskantar juna, da duwatsu masu tsini da suka fito daga jikinsu, kamar yadda manoma da sojoji suka tsaya gaba da gaba a wurin a Janairun 1888. A 2013 shi da Marian Leven suka yi wani ginin tunawa na dutse, An Sùileachan, a yankin Uig. Maclean daga ɓangaren waɗanda aka bari yake aiki, matar Halifax daga ɓangaren waɗanda suka tafi, amma darasin ɗaya ne, kuma shi ne ma'aunina na farko. Aiki mai nauyi yana da suna, yana da wuri, yana da shekara. Mai shi ya san yadda ake riƙe abin da yake zanawa.

Ƙoshiya

Bari in ba ka abin da na gani da idona. A wani zaman bita da na jagoranta, wata ɗaliba daga Ontario ta zo da niyyar yin jerin zane kan yadda aka ƙone gidan kakanninta a tsaunuka. Haka aka faɗa mata tun tana yarinya. Al'adata ita ce ba na barin ɗalibi ya taɓa fenti sai ya kawo abu ɗaya na gidansu ya zana shi daidai girmansa, da fensir, kwana uku, ba tare da ya ba ni labarinsa ba. Ta kawo wani ɗan itace mai tsini biyu da rami a ciki, wanda ta ce yana cikin akwatin ɗinkin kakarta, babu wanda ya san amfaninsa. Ina ɗauka na gane shi, domin duk wanda ya taɓa zama kusa da masaƙa ya san ƙoshiya. Gefe ɗaya ya yi sulɓi ya yi duhu, daidai inda babban yatsa ke dannawa, har ya ɗan lotsa.

Muka shiga rajistar Sikotland ta intanet, ScotlandsPeople, muka bi littattafan coci, tunda rajistar haihuwa da mutuwa ta gwamnati sai a 1855 ta fara. Ashe mutanenta masaƙan Paisley ne, kusa da Glasgow, daga cikin waɗanda sana'a ta karye musu bayan yaƙin Napoleon, gwamnati ta taimaka musu suka koma yankin Lanark na Ontario a 1820 da 1821. Babu tsauni, babu gobara. Ta yi kuka ranar, ta ce ji take kamar an ƙwace mata kakanni. Ban rarrashe ta da yawa ba, na ce ta koma kan ƙoshiyar. Abin da ta yi a ƙarshe ya fi wanda ta zo da shi nesa ba kusa ba: ta koyi saƙa da kyar, ta saƙa dogayen ƙyallaye masu kurakurai, ta jera su kusa da zanen lotsawar yatsan nan da ta faɗaɗa har ya kai tsayin mutum. Kana ganin hannun da ya iya da hannun da ya manta a bango ɗaya.

Wannan hanya tana da iyaka, ya kamata in faɗa maka. Jerin sunayen fasinjojin jiragen da suka shiga Kanada kafin 1865 kaɗan ne suka rage, littattafan cocin tsaunuka da yawa sun makara kafin a fara su, kuma talaka ba ya barin takarda. Wani zai bincika shekara biyu ya tashi da suna ɗaya da sunan gunduma. A nan ne fuskokin da ka gani babu ido babu baki ke iya zama gaskiya tsantsa. Ɗaukar hoto sai a 1839 ta bayyana, kuma wanda ya tashi kafin nan, ko bayan nan ba shi da kuɗi, babu wanda ya san kamanninsa. Mai zanen da ta ƙi ƙirƙiro wa kakarta hanci da ido ta riƙe amana. Amma share fuska ya zama yayi a makarantun zane, yana da sauƙi, yana sa aiki ya yi kamar mai zurfi. Don haka ka sauke ido daga fuskar ka dubi hannuwa, da tufafi, da abin da suke riƙe. In can ma hazo ne, to ba a yi aikin ba.

Wannan gaɓar tekun

Ma'auni na biyu ya fi na farko wuya, kuma a nan ne masu zane da yawa ke kaucewa. Jirgin da ya tashi ya sauka a wani wuri, kuma wurin da mutanensa. Pictou suna ne daga harshen Mi'kmaq, ƴan asalin wannan yanki, wato Piktuk. Cape Breton, tsibirin lardinku da ya cika da masu Gaelic, Mi'kmaq na kiransa Unama'ki. Mutanen Kildonan ta Sutherland da aka tasa a 1813 sun je Red River, inda Winnipeg take a yau, cikin shirin Lord Selkirk, suka zauna a ƙasar da ƴan asalin wurin, Métis da Cree da Anishinaabe, ke rayuwa, har aka zubar da jini a Seven Oaks a 1816. John A. Macdonald, firayim ministan Kanada na farko, a Glasgow aka haife shi a 1815, tushen mahaifinsa Sutherland, kuma a ƙarƙashinsa aka kafa tsarin makarantun kwana da suka raba ƴaƴan ƴan asalin ƙasar da iyayensu da harshensu. Wanda aka kora ya zo ya zauna inda aka kori wani. A Jamaika kuwa sunayen Sikotland irin su Campbell sun cika gari, kuma ta gonakin bayi suka shiga.

A Helmsdale ta Sutherland akwai mutum-mutumin tagulla na masu ƙaura da Gerald Laing ya yi, aka buɗe shi a 2007: uba na duban gaba, yaro na duban uban, uwa rungume da jariri ta juya tana duban kwarin da suka baro. Waiwaye adon tafiya, kuma waiwayen matar nan ya taɓa ni ƙwarai. A 2008 aka kafa irinsa a Winnipeg. Mutum-mutumi ɗaya ne, amma a can ma'anarsa ta sauya, domin inda uban ke duba ba fili ba ne. Mai zanen da ke zaune a Kanada ta zana kufan Sikotland kaɗai, ta yi shiru kan gonar da kakanta ya samu da yadda ya same ta, rabin akwatin ta buɗe. Ba ina nufin ta zagi kakanninta ba. Matalauta ne da suka tsallake rijiya da baya. Amma ana iya son mutum a kuma faɗi inda ƙafarsa ta taka. Kuma gadon ya cuɗanya fiye da yadda ake zato: kamfanin cinikin fatu na Hudson's Bay a Kanada ya daɗe yana ɗiban ma'aikata daga tsibiran Orkney na Sikotland, da yawansu suka auri matan ƙasar, matan Métis da Cree suka riƙa yafa mayafin tartan, gurasar bannock ta zama abincin gida a wurinsu. Su ma magada ne.

Shi ya sa nake girmama babban aikin surfanin nan na tarihin ƴan Sikotland da suka bazu a duniya, da Andrew Crummy ya tsara, wanda aka fara nunawa a Prestonpans a 2014, ƙyalle sama da 300 daga ƙasashe sama da 30, kowace al'umma ta zaɓi labarinta ta ɗinka da hannunta. Ɗinkin wani ya fi na wani, amma muryoyin sun yi yawa har babu labari ɗaya da zai danne sauran.

In ka koma

Ka duba ko ta nuna inda ita kanta take tsaye. Mako biyun da ta faɗa maka ba abin kunya ba ne, shi ne ma jarinta in ta yarda ta sa shi cikin aikin: baƙuwa da taswira a hannu, tana neman katangar da ciyawa ta rufe, tana kallon kunyoyin dankalin da har yau ake ganin sawunsu a jikin tudu in rana ta yi ƙasa. Calum Colvin, ɗan Glasgow da aka haifa a 1961, ya mai da wannan batu dabarar aikinsa. Yakan cika ɗaki da kujeru da tarkace, ya zana fuska a kansu ta yadda daga wuri ɗaya tak, inda kyamara take, fuskar ke haɗuwa, sannan ya ɗauki hoto. Ka matsa taku ɗaya, sai ta wargaje ta koma tarkace. A jerin da ya nuna a Edinburgh a 2002 kan Ossian, tsohon mawaƙin almara da aka daɗe ana jayayya kan sahihancin waƙoƙin da aka jingina masa, fuskar na ƙara zubewa daga hoto zuwa hoto. Abin da tagar Croick ta yi mini ke nan, shi kuma ya yi shi da gangan.

Ni baƙo ne a wannan tarihi, ba na jin Gaelic, kuma akwai abin da ɗan gida zai ji a gaban waɗannan ayyuka da ni sai dai a ba ni labari. Suna da kalma, cianalas, wadda suke cewa ta wuce kewar gida, ta haɗa da begen wuri da mutanensa da zamanin da ba zai dawo ba. Idan baje kolin bai tashi ba, ka koma ka yi wa matar tambaya biyu cikin ladabi: mene ne sunan ƙauyen, kuma me aka tarar a cikin akwatin. Yadda za ta amsa zai gaya maka fiye da abin da na rubuta. In kuma ka sami hutu lokacin zafi, ka hau zuwa Iona a Cape Breton, inda gidan tarihin Highland Village yake, ka nemi zaman bugun yadi. A tsibiran Sikotland mata ne ke zama kewaye da tebur suna bugun jiƙaƙƙen ulu don ya kama jiki, suna miƙa shi hannun hagu, ɗaya na ba da waƙa saura na amshi, kuma ba a maimaita waƙa a zama ɗaya. A Cape Breton maza sun shiga, kuma yau ba don yadin ake yi ba, don waƙoƙin ne. Za ka ga waɗanda kakanninsu suka tashi shekara 200 da suka wuce, wasu ba sa jin rabin kalmomin, suna buga tebur a tare. Za su matsa maka ka zauna, su miƙo maka gefen yadin.